Masallaci mai ɗaki 53 da babu shi a ko'ina: abin da lissafin firaktal ke nuna wa maginan Nijar

A ranar Talata 3 ga watan Satumba na shekarar 2024, tsohon masallacin unguwar Birni da ke Damagaram ya zube bayan ruwan sama kamar da bakin ƙwarya. Ginin ƙasa ne da aka yi tun tsakiyar ƙarni na 19, kuma cikin sa'o'i kaɗan hotunan faɗuwarsa suka karaɗe wayoyin jama'a daga Yamai har Difa. Daminar wannan shekara ta yi sanadin mutuwar sama da mutum 300 a faɗin Nijar, ta kuma shafi fiye da miliyan ɗaya. Shekara guda kafin nan, ranar 11 ga Agustan 2023, wani sashe na rufin babban masallacin Zariya a Najeriya ya rufta wa masallata ana tsakiyar sallar La'asar, inda aka rasa rayuka.

Duk sa'ad da irin wannan ta faru, shawarar da ake fara ji a majalisu da ƙofar masallatai kusan iri ɗaya ce: a bar ginin ƙasa, a zuba bulon siminti, a rufa da kwano. Sai dai wanda ya taɓa sallar Juma'a ƙarƙashin kwano a watan Afrilu, lokacin da zafi ke haura digiri 40 ga kuma ɗaukewar wutar lantarki, ya san wannan shawara ita ma ba kyauta ba ce.

A gefe guda kuma, wasu hotuna na daban na yawo a Facebook da WhatsApp: wuraren ibada masu ƙubba bisa ƙubba, ƙofa cikin ƙofa, har ido ya kasa gano ƙarshensu. Ba a gina su a kowace ƙasa ba. Kwamfuta ce ta zana su, kuma wasu daga cikinsu sun samo asali ne daga wani reshe na lissafi da ake kira firaktal. Idan aka sauko da irin wannan gini daga fuskar waya, aka aza shi a wani fili a Madarunfa ko Mirya ko Illela, da ƙasar wurin da maginan wurin, me zai tsaya a cikinsa, me zai faɗi?

Mene ne firaktal?

Wanda ya raɗa sunan shi ne Benoît Mandelbrot, masanin lissafi da aka haifa a ƙasar Polan a 1924, ya girma a Faransa, ya kuma shafe shekaru yana aiki da kamfanin IBM a Amurka. A 1975 ya ƙirƙiro kalmar daga wata kalmar Latin mai nufin abin da ya farfashe, sannan littafinsa na 1982 kan siffofin halittu ya yaɗa ta a duniya.

Ma'anar ba ta da wuya. Firaktal siffa ce wadda ƙaramin sashenta ya yi kama da ita kanta gaba ɗaya. A sare reshen gawo a kafa shi a ƙasa, zai yi kama da ƙaramin gawo. A karya wani reshe daga jikin wannan, shi ma haka. Koramun da ke zuba cikin Gulbin Maradi, idan aka hango su daga sama, suna rarrabuwa ne kamar yadda jijiyoyin ganye ke yi. Hanyoyin iska a huhun ɗan Adam suna rabuwa gida biyu-biyu fiye da sau 20 kafin su kai ƙarshe.

Amma ba kowane maimaici ne firaktal ba. Bulo ɗari da aka jera a bango maimaici ne, sai dai girmansu ɗaya. Abin da ake buƙata abu biyu ne tare: doka guda da ake ta maimaitawa, da girma mai raguwa a kowane mataki.

Masana sun zana irin waɗannan siffofi tun kafin a sa musu suna. A 1904, Helge von Koch na ƙasar Suwidin ya ɗauki miƙaƙƙen layi ya raba shi uku, ya cire na tsakiya, ya maye gurbinsa da guda biyu masu tsini kamar zankon soro. Ya maimaita haka a kan kowane guntu. A kowane zagaye tsawon layin na ƙaruwa da kashi ɗaya cikin uku, har ya zama ba shi da iyaka, alhali duk yana cikin ɗan fili kaɗan. A 1926 kuma Karl Menger na Ostiriya ya yi irin wannan da dunƙule mai fuska shida, kamar sandar sabulun da aka yanka daidai wa daida. A raba shi gida 27, a cire na can tsakiya da na tsakiyar kowace fuska, saura 20. A yi wa kowane ɗaya daga cikin 20 ɗin haka, su zama 400, sannan 8,000. Nauyi na raguwa, daga kashi 74 cikin ɗari zuwa 55 zuwa 41, kafofin iska kuwa na ƙaruwa. Wannan siffa da ake kira soson Menger tana cikin waɗanda masu zanen gine-ginen mafarki a kwamfuta ke yawan aro.

Uwa ɗaya, ƴaƴa huɗu, jikoki goma sha biyu

Ga wani masallaci na tunani, wanda dokarsa jimla ɗaya ce: kowane ɗaki murabba'i ne mai ƙubba a kansa, tsayinsa daidai da faɗinsa, kuma a tsakiyar kowane bangonsa da ke kallon waje za a fitar da wani ɗaki mai rabin girmansa.

A fara da babban zaure mai faɗin mita 16, a kira shi uwa. Bangonsa huɗu za su haifi ƴaƴa huɗu masu mita 8. Kowane ɗa na da bango uku da suka rage, don haka jikoki 12 ke nan masu mita 4. Su kuma jikokin su haifi tattaɓa-kunne 36 masu mita 2. Jimla ɗaki 53.

Idan ba a sa kaurin bango cikin lissafi ba, filin da ke ƙarƙashin rufi ya kama murabba'in mita 848, kuma daga wannan gefe zuwa wancan ginin ya ci mita 44. Abin mamakin shi ne, ko da an ci gaba da haihuwar ɗakuna har abada, faɗin ba zai taɓa wuce mita 48 ba, domin 8 da 4 da 2 da 1 da rabi, duk iya inda aka kai, jimlarsu ba ta haura 16.

Mai tahowa daga nesa zai ga abu kamar tudu mai hawa huɗu. Ƙananan ƙubbobi a bakin ƙasa, tsayinsu bai fi na dogon mutum da kaɗan ba, na bayansu sun ninka su, har ido ya kai ga babbar ta tsakiya. Mai shiga kuwa zai fara ne da ɗan ƙaramin ɗaki da zai ajiye takalmi, ya wuce wanda ya fi shi, sannan wanda ya fi wannan, kafin sararin uwa ya buɗe a kansa.

Kowane girma na da aikin da ya dace da shi. Uwa da ƴaƴanta na arewa da kudu da yamma su ne wurin jam'i, ana iya ware ɗaya domin mata. Ɗan da ke gabas, wajen alƙibla, zai ɗauki mihrabi da ɗakin liman da ma'ajiyar littattafai. Jikoki masu mita 4 sun isa malami da almajirai goma su zauna karatu, ko a yi zaman sulhu da ɗaurin aure. Tattaɓa-kunne masu mita 2 kuwa daidai suke da mutum guda da buzunsa, wato wurin i'itikafi a goman ƙarshe na azumi, wasu kuma su zama wurin alwala da ajiyar tabarmi.

Mataki na biyar zai zama mita ɗaya, wanda mutum ba ya iya shiga ya miƙe. A nan ɗaki ke komawa alkuki, wurin ajiye Alƙur'ani da fitila. Na shida ya zama taga ko kafar iska, na bakwai kuma ya koma zane a jikin bango. A takarda firaktal ba shi da ƙarshe, amma a gini jikin ɗan Adam ne ke yanke masa iyaka.

Ba yau aka fara ba

Tun ƙarnuka kafin Mandelbrot, masu ginin wuraren ibada sun kama wannan hanya da ido da hannu. A garin Khajuraho na Indiya akwai wurin bautar mabiya addinin Hindu mai suna Kandariya Mahadeva, wanda aka gina wajen shekarar 1030. Tsayin hasumiyarsa ya kai kimanin mita 31, kuma a jikinta an manna ƙananan hasumiyoyi 84, kowace kwafin babbar ce, suna hawa bisa juna kamar jerin duwatsu.

A Santambul ta Turkiyya, masallacin Sultan Ahmed da aka gina a farkon ƙarni na 17 ya yi kusa ƙwarai da dokar da aka zana a sama. Ƙubba ɗaya ce a tsakiya, rabin-ƙubba huɗu sun tallafe ta, kowace kuma tana da ƙananan rabin-ƙubbobi a ƙarƙashinta. Wanda ya tsara shi, Sedefkar Mehmed Agha, almajirin shahararren magini Sinan ne. Wannan tsari ya wuce ado: babbar ƙubba na tura bango waje da nauyinta, ƙananan ne ke karɓar turin suna sauke shi mataki-mataki har ƙasa.

Masu adon gine-ginen Musulunci, da yake sun kauce wa zana mutum ko dabba a wurin ibada, sun zurfafa cikin lissafin siffofi. Akwai adon mukarnas, ƙananan ramuka cikin ramuka kamar saƙar zuma, da ake yi a ƙarƙashin ƙubba da saman mihrabi. A hubbaren Darb-i Imam na birnin Isfahan a Iran, wanda ginin farkonsa na 1453 ne, masana biyu, Peter Lu da Paul Steinhardt, sun nuna a 2007 cewa zanen bangon hawa biyu ne: manyan siffofi da aka rarraba zuwa ƙanana masu kama da su. A Barcelona ta Sifaniya kuma, Antoni Gaudí ya sa ginshiƙan majami'ar Sagrada Família, wadda aka fara a 1882, su yi rassa kamar itatuwa kafin su taɓa rufi.

Abin da aka hango daga sama a Afirka

A shekarun 1980, wani Ba'amurke mai suna Ron Eglash ya lura da wani abu a hotunan ƙauyukan Afirka da aka ɗauka daga jirgin sama: da'ira cikin da'ira, murabba'i cikin murabba'i. Ya zo nahiyar ya yi shekara yana tambayar masu ginin da kansu, kuma a 1999 ya fitar da littafinsa African Fractals.

Cikin misalansa akwai fadar sarkin Kotoko a Logone-Birni, arewacin Kamaru, inda ɗakuna masu kusurwa huɗu ke naɗe cikin juna, kuma duk yadda mai shiga ya ƙara kusantar sarki, haka ladabin da ake so ya nuna ke ƙaruwa. Akwai kuma ƙauyukan Ba-ila na kudancin Zambiya. Garin zobe ne da aka haɗa da zobban gidaje, gidan sarki a ciki shi ma zoben zobba ne, kuma a cikinsa akwai wani ɗan mitsitsin ƙauye da mutum ba ya iya shiga, wanda aka keɓe wa ruhin kakanni.

Misalin da zai fi kama hankalin ɗan Nijar shi ne na zana. Eglash ya lura cewa wasu masu saƙar zana a yankin Sahel suna yin layukan ƙasa da faɗi, suna ta matse su yayin da ake hawa sama. Wani mai saƙa a kusa da Bamako ya yi masa bayanin dalili: saƙa mai faɗi ta fi sauri da arha amma iska da ƙura na ratsa ta, matsattsiya na tare su amma tana cin kara da lokaci, kuma iska ta fi ƙarfi a sama. Don haka ake sa tsadar a inda take da amfani.

Tsarin tsohon birnin Hausa shi ma na da wannan kama. Ganuwa ta kewaye gari da ƙofofinta, katanga ta kewaye gida da zaurensa, a cikin gidan kowane sashe na da nasa shinge da mashiga. Hawa uku ne ko huɗu kawai, kuma dalilinsu tsaro ne da sutura, amma dokar guda ce.

Hannun maginin Hausa

Abin da ya daɗe yana yanke wa maginin ƙasar Hausa hukunci shi ne tsawon azara. Azara, wato tsagin giginya, gara ba ta cika cin ta ba, amma idan aka ɗora mata nauyin ƙasar rufi ba ta jure tazarar da ta wuce kimanin mita biyu. Wannan kusan shi ne girman tattaɓa-kunnen masallacin tunani.

Domin samun ɗaki mai faɗi, magina suka ƙirƙiro bakan gizo. Ana dasa azara cikin bango, a ɗaure wata a kanta ta ɗan zarce ta, a sake ɗaura wata, har ɓangarori biyu su haɗu a sama, sannan a lulluɓe da ƙasa. Idan bakuna suka gitta juna aka samu ɗaurin guga, rufin ya rabu gida-gida, kuma kowane gida ya dawo girman da azara ɗaya za ta iya rufewa. Babban fili ana raba shi zuwa ƙanana, ƙananan a sake raba su, har a kai ga abin da icce zai ɗauka. Da wannan dabara Babban Gwani Muhammadu Durugu ya gina masallacin Zariya a shekarun 1830.

A Nijar, sunan da ya fi fice a wannan fage shi ne Falke Barmu na ƙauyen Yama a jihar Tawa, manomi kuma magini. Ya fara masallacin Juma'ar garin a 1962 a matsayin zaure mai ginshiƙai. A 1975 ya sake rufin da bakuna ya ƙara ƙubba a tsakiya, daga baya ya ɗaga hasumiyoyi huɗu a kusurwoyi, ba wadda ta yi kama da ƴar'uwarta. Aikin gayya ne, kowa ya kawo abin da yake iyawa, mai tubali da mai ruwa da mai icce. A 1986 ginin ya samu kyautar Aga Khan ta gine-gine. Yadda masallacin ya girma sannu a hankali cikin shekara 20 ya dace da ɗabi'ar firaktal: ana iya gina uwa bana, ƴaƴa bayan kaka mai albarka, jikoki idan ƴan ci-rani sun aiko da gudummawa, kuma a kowane mataki ginin cikakke ne.

A Dandaji, ita ma a jihar Tawa, masu tsara gine-gine Mariam Issoufou Kamara da Yasaman Esmaili sun kammala cibiyar Hikma a 2018. An mayar da tsohon masallacin garin ɗakin karatu maimakon a rushe shi, aka gina sabo mai ɗaukar mutum dubu da bulon jar ƙasa da ake matsawa da inji, aka taƙaita siminti da ƙarfe ga inda nauyi ya tilasta. Tun shekarun 1980 kuma ƙungiyar Development Workshop ta horar da magina a Nijar kan gini ba da icce ba, inda ake ɗaga ƙubba da tubalin ƙasa zalla, ana bin wani ma'auni da ke juyawa daga tsakiyar ɗaki. Ga maginin da ya iya wannan, ƙubbar mita 2 da ta mita 4 aiki ɗaya ne, tsawon ma'aunin kawai ke canzawa. Wannan na da muhimmanci a lokacin da giginya ke ƙaranci, har dazuzzukanta na yankin Gaya suka zama abin da ake tsaro.

Inda lissafi ke karo da sahu

Masallaci wurin sahu ne kafin ya zama abin kallo, kuma a nan ne ginin tunanin ke fara tuntuɓe. Alƙiblar Nijar gabas ce da ɗan karkata arewa, don haka sahu na miƙewa ne daga kudu zuwa arewa. A cikin wannan tsari, sahun tsakiya zai ratsa uwa da ƴaƴa biyu ya kai mita 32, amma sahun farko, wanda kowa ke rububin samun falalarsa, mita 16 ne kawai. Wannan ne ya sa masallatai da yawa ke da faɗi ta bangon alƙibla fiye da zurfi.

Sannan a mazhabar Malikiyya da akasarin ƴan Nijar ke bi, makaruhi ne mamu ya tsaya gaban liman ko a yi sahu tsakanin ginshiƙai ba tare da larura ba. Hakan ya fitar da dukkan reshen gabas daga wurin jam'i. Idan aka ba kowane mai salla kimanin murabba'in mita ɗaya, uwa da ƴaƴanta uku za su ɗauki mutum 450 ne, alhali zaure guda mai girman ginin gaba ɗaya zai ɗauki kusan 850. Garin da masallatansa ke shimfiɗa tabarmi a titi ranar Juma'a ba zai ɗauki wannan asara da wasa ba.

Ita kanta uwar matsala ce. Ƙubbar ƙasa mai faɗin mita 16 ta fi ƙarfin azara da bakan gizo. Ko dai a kafa ginshiƙai a ciki, su yanke sahu su tare ganin liman, ko a ɗaura mata ɗamarar kankare da ƙarfe, abin da ke buƙatar injiniya da kuɗi. A lissafi ana ninka siffa yadda aka ga dama, amma a gini idan aka ninka faɗi da tsayi da kauri sau biyu, nauyi na ninkuwa sau takwas, ƙarfin gindin da ke ɗauke da shi kuwa sau huɗu kacal.

Inda yake karo da damina

Babbar riba da babbar illar wannan gini daga wuri ɗaya suke fitowa, wato yawan bango. Bangon waje na ɗakunan 53 ya kai mita 336. Zaure murabba'i mai fili iri ɗaya na buƙatar kimanin mita 116 ne, kusan kashi ɗaya cikin uku ke nan.

Da rani wannan alheri ne. Lunguna da kusurwoyi na yi wa juna inuwa, rana ba ta samun bango guda ta gasa shi tun safe har La'asar. Ƙananan ɗakunan waje na zama garkuwa ga na ciki. Bangon ƙasa mai kauri na jinkirta zafi, sai dare ya sake shi. Iska mai zafi na tashi ta fita ta tagogin babbar ƙubba, ta jawo mai sanyi daga ƙananan ƙofofi.

Da damina kuwa lissafin na juyewa. Kowane ɗaki ban da uwa manne yake da wanda ya fi shi tsayi, wato mahaɗa 52, kuma kowace mahaɗa wuri ne da ruwan rufin sama ke sauka kan na ƙasa. Tsarin ya kuma bar wasu ƙananan lunguna takwas rufaffu a gefen uwa, masu kawo haske da iska, waɗanda za su koma rijiyoyi idan ba a yi musu magudana ba. Abin da ke kashe ginin ƙasa sananne ne ga kowane magini: ruwan da ya kwanta a gindin bango, da wanda ya samu tsaga a rufi. Indararo ɗaya da ya toshe ya isa ya jiƙa azara ta ruɓe ba tare da kowa ya gani ba.

Bango mai ninki uku na nufin yaɓe mai ninki uku, da makuba mai ninki uku. Hasumiyar masallacin Agadas mai tsayin mita 27, wadda asalinta na 1515 ne aka kuma sake gina ta a 1844, tana tsaye ne saboda itatuwan da ke fitowa daga jikinta matakala ce ta masu gyara, kuma ana hawa ana gyarawa. A Jenne ta ƙasar Mali, gari gaba ɗaya ke fitowa kowace shekara domin yaɓen babban masallaci. Inda aikin gayya ya yi rauni, matasa suka tafi ci-rani, ginin da ke da lungu 50 zai riga mai lungu huɗu lalacewa.

Abin da za a iya ɗauka

Da wuya wata unguwa ta gina wannan masallaci kamar yadda aka zana shi, kuma ba lalle ne ta yi ba. Amfaninsa shi ne ya nuna abin da ke aiki. Idan aka miƙe uwa ta zama doguwa daga kudu zuwa arewa, aka bar bangon alƙibla ba ƴaƴa, aka tsaya a hawa biyu ko uku maimakon huɗu, za a samu sahu mai tsawo, da inuwa, da ɗakunan karatu, da ginin da ake iya ƙarawa gwargwadon abin da aka tara a karo-karo. Idan aka aza shi kan harsashin dutse ko siminti da ya ɗaga sama da inda ruwa ke kwanciya, aka kuma shirya hanyar ruwa tun kafin a shirya ado, an rufe ƙofar da ta fi kawo rushewa.

Akwai kuma abin da ya fi gaggawa. Ilimin ɗaurin guga da bakan gizo a kan magina yake, daga uba zuwa ɗa ake gadonsa, kuma ɗan da ya ga kasuwa ta koma ga bulon siminti ba shi da dalilin tsayawa ya koya. Auna tsofaffin masallatai da soraye na Damagaram da Tasawa da Ƙonni, a zana su, a rubuta yadda aka ɗaura azararsu tun masu sanin suna raye, aiki ne da ɗaliban gine-gine da na lissafi za su iya yi da awo da wayar hannu. Malamin lissafi a lakwal ma na iya fara darasin firaktal da zanar da ke kewaye da makarantar, kafin ya kai ga sunan Koch da Menger.

Ga kwamitocin masallatan ƙasa da ke tsaye a yau kuwa, lissafin da ke gabansu ya fi wannan sauƙi: mutum nawa za su hau rufi, su share indararo, su toshe tsaga, su gyara gindin bango, kafin ruwan farko na watan Yuni ya sauka.